Ɗan Farin Ummulkhairi a Santambul

Jarwal, Makka
12 ga Muharram, 1372

Zuwa ga wanda nake kyautata zaton baffana ne, Yunus ɗan Tsoho,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya kai da iyalinka, mu nan lafiya muke, sai Kaka da ciwon gwiwa ya matsa wa tun bara.

Sunana Abdulganiyyu. Ubana shi ne Hashimu ɗan Tsoho baduku, mahaifiyarsa Ummulkhairi, ita ce Kakar da na ambata. In kai ne wanda nake nema, to Hashimu ƙanenka ne, ka bar shi yana ɗan shekara biyar. Allah ya yi masa rasuwa shekara huɗu da suka wuce. In kuma ba kai ba ne, ka yafe min damun ka da na yi, ka yaga takardar.

Ga yadda na sami adireshinka. Bana na gama makaranta na karɓi takardar shahada, na kama aikin rubutu wajen wani muɗawwifi mai saukar da alhazan Turkiyya. Wata rana ina ƙirga tulunan ruwa tare da masu kawo mana, da Hausa, sai wani alhaji mai suna Nejati ya riƙe min hannun riga. Larabcinsa kaɗan ne, Turkancina bai kai nasa Larabcin ba, don haka mun jima kafin mu fahimci juna. Ya ce shi mai goge ne irin na Turawa, yana aiki a ƙarƙashin wani baƙin mutum a Santambul wanda yake tsara kiɗan silima. Ya ce duk lokacin da za su fara kiɗa, mutumin yakan ɗaga hannu ya ce ɗaya, biyu, uku, kamar yadda ya ji na faɗa, su kuwa sun daɗe suna zaton wata addu'a ce. Ya ce sunansa Yunus, haihuwar Makka ne, yana da tabo a gira.

Na je na tambayi Goggo Ramlatu, ƙanwarka, ba tare da na gaya mata dalili ba. Ta ce wanta da ya ɓata ranar da aka yi yaƙin Ƙishla, barikin sojan Turkawa na nan Jarwal, yana da tabo a girar dama. Alhaji Nejati kuwa ya ce a hagu ne. Wannan saɓanin ya hana ni rubutu har alhazai suka watse, sai daga baya na ga cewa mai kallon mutum yana iya juya hannun.

Ban gaya wa Kaka komai ba tukuna, don kada in tayar mata da hankali a kan abin da ban tabbatar ba. Ina roƙon ka gaya min sunan kakarka ta wajen uba, da gefen da tabon yake. Sannan in ba damuwa, ka bayyana min aikinka, don ban taɓa ganin silima ba, babu ita a nan, kuma ban gane yadda ake yi wa hoto kiɗa ba.

Na rubuta da ajami saboda Alhaji Nejati ya ce kana karanta baƙin Larabci.

Mai jiran amsarka,
Abdulganiyyu ɗan Hashimu

*

Istanbul
Nuwamba 1952

Ɗana Abdulganiyyu,

Wa alaikumus salam. Ni ne. Kakata sunanta Ruƙayyatu, a ɗakinta nake kwana. Tabon a hagu yake, kuma Ramlatu ce ta ture ni daga kan tsani, in ta manta ni ban manta ba. Lafiyarmu ƙalau. Allah ya jiƙan Hashimu. Na yi kuka a kansa, amma yaro ne mai majina nake gani, na kasa ganin sa da gemu.

Ka yi haƙuri da Hausata. Ta ɗan shekara goma sha biyu ce, ba ta girma tare da ni ba.

Ina yaro nakan sulale zuwa Ƙishla in saurari badujalar sojan Turkawa. Shugabansu, Tahsin Efendi, ya saba da ni har ya ba ni sarewa. Ranar da aka fara harbi ina ciki, aka rufe ƙofa. Da sojojin suka miƙa wuya a cikin azumi, aka haɗa da ni aka kai mu jirgi. Na yi ta cewa ni ɗan Jarwal ne, da Hausa da Larabci, ba wanda ya saurara. A sansanin fursuna a Masar Tahsin Efendi ya ce ni ɗansa ne don kada a raba mu, a can ya koya min rubuta kiɗa a kan takarda. Bayan yaƙi ya kawo ni nan gidansa. Na aika saƙo gida sau biyu ban ji amsa ba. Daga nan hanyar hajji ta toshe wa mutanen nan shekaru masu yawa. Wani kuma ya ce min yunwa da annoba sun cinye unguwarmu, na yarda, don yarda ta fi sauƙi.

Aikina ya fara ne a gidan silima lokacin da hotuna ba sa magana. Mukan zauna a ƙasan farin ƙyallen da ake haskawa, in doki ya yi gudu mu yi gudu, in wani ya mutu mu sassauta. Da hotuna suka fara magana aka sallame mu, na koma busa a gidajen biki. Sai finafinan Masar suka shigo, aka ce a cire waƙoƙin Larabci a sa na Turkanci. Suna neman wanda yake jin Larabci, wanda kuma zai iya yin sabuwar waƙa ta hau daidai kan leɓen mawaƙiyar, inda ta buɗe baki a buɗe, inda ta ja numfashi a ja. Larabcin da na koya a lungunan Jarwal shi ya ba ni abinci. Yanzu ina tsara kiɗan finafinan da ake yi a nan.

Ka tambayi yadda ake yi. Ana sa ni a ɗaki mai duhu a haska min fim ɗin ba kiɗa. Misali mace tana tsaye a bakin teku, jirgi yana tafiya, ba ta ce komai ba. Sai in yi ta kallo har in ji abin da ta ƙi faɗa, in rubuta shi ga masu goge da masu sarewa, su buga a daidai wurin.

Ina da mata, Nermin, da ɗa guda, Ja'afar, shekararsa shida. Ga hotonmu na sa a ciki.

Ina so in zo hajjin bana, ana rubuta sunaye bayan azumi. Amma ka fara karanta wa Inna wannan takarda. Ka gaya min abin da ta ce da yadda ta yi. Na ga kai mutum ne mai kiyaye magana, kada ka gyara min komai.

Baffanka,
Yunus

*

Jarwal, Makka
20 ga Rabi'ul Sani, 1372

Baffa,

Bayan gaisuwa da godiya ga Allah da ya nuna mana wannan rana, ina gaida Anti Nermin da ƙanena Ja'afar. Muna lafiya. An yi ruwa mai ƙarfi makon jiya har ya shiga wasu gidaje, namu bai taɓa ba. Gwiwar Kaka tana nan yadda take.

Na gode da bayanin aikinka. Na karanta wurin matar bakin teku sau da yawa. Abu ɗaya ban gane ba: in ka ji wani abu, mai fim ɗin kuma ya ji wani daban, na wa ake bi?

Ka ce kada in gyara, don haka ga abin da ya faru. Na kira Goggo Ramlatu daga gidanta na wajen Mansur, muka zauna a tsakar gida bayan azahar. Kaka tana tsince tsakuwa daga cikin shinkafa. Da na karanta layin farko Goggo ta faɗi ƙasa tana sujada, ta tashi tana guɗa, ta kuma rantse ba ita ta ture ka ba, tsanin ne ya karkace. Kaka ba ta ɗago kai daga faifan ba. Da na zo inda aka sa ka a jirgi, hannunta ya tsaya kaɗan, sannan ta ci gaba. Da na zo bayanin aikinka, ta miƙe ta ce la'asar ta yi za ta yi alwala. Na duba agogo, da sauran lokaci sosai.

Bayan salla na bi ta ɗaki na tambaye ta ko tana da saƙo gare ka. Ta ce, "Ni na aike ka?" Na miƙa mata hoton, ta ce idonta yana ciwo, ta kau da kai. Na ajiye shi a kan kanta. Da safe ban gan shi ba. Na duba ko'ina, na tambaye ta, ta ce ita ba mai gadin kayana ba ce. Ina tsoron ko an fitar da shi da shara, don mutane da yawa a nan ba sa son hoto a gida.

Washegari maƙwabciyarmu Balarabiya ta shigo yi mata barka, tana cewa mabruk ya Ummu Yunus. Kaka ba ta amsa ba, ta shige ɗaki ta bar matar a tsaye. Da na yi tunani sai na tuna ba ta taɓa amsa wannan kiran ba. Kuma tun da na yi wayo ban taɓa jin sunanka a bakinta ba, ko sau ɗaya. Labarinka duk daga mahaifina da Goggo na ji shi.

Ban san fassarar wannan ba, kuma ba na so in faɗi abin da ban sani ba. Goggo tana gaishe ka, ta ce za ta dafa maka tuwo da miyar kuka in ka zo, ta ga ko harshenka ya zama na Turkawa.

Ɗanka,
Abdulganiyyu

*

Jarwal, Makka
15 ga Sha'aban, 1372

Baffa,

Bayan gaisuwa, ina fatan lafiya ce ta sa shiru. Mu muna lafiya. Zafi ya fara.

Na aika maka takarda a Rabi'ul Sani, ban ga amsa ba. Na je gidan waya na tambaya, suka ce jakar wasiƙu ta tafi Jidda a kan lokaci. Na sake duba adireshin da kwafin da nake ajiyewa, ban ga kuskure ba. Ko rashin lafiya ne? Ko tambayar da na yi a kan mai fim ce ta zama rashin ladabi? In haka ne na janye ta.

Azumi ya kusa, kuma ka ce bayansa ake rubuta sunaye. Na yi wa maigidana maganarka, ya ce zai karɓe ku cikin alhazansa. Goggo kullum tana tambaya. Ko layi biyu ne ka rubuto.

Ɗanka,
Abdulganiyyu

*

Istanbul
Mayu 1953

Ɗana Abdulganiyyu,

Barka da shan ruwa. Lafiyarmu ƙalau, takardunka biyu duk sun iso. Ba ka yi laifin komai ba. Na ce kada ka gyara, ba ka gyara ba, na gode.

Na fara amsa sau da yawa ina yagawa. Na gane. Mace ta zauna a maƙwabtaka da ɗakin Allah yawancin rayuwarta, ta yi wa ɗanta makoki ta gama, sai a zo a ce mata yana raye, makaɗi ne, yana yi wa hotunan mata kiɗa. Gara mata da an bar shi a matacce. Lokacin da na nemi auren Nermin mahaifinta ya shekara bai kalle ni ba, rabi don fatata, rabi don sana'ata. Na san irin wannan kau da kai. A aikina ma, in mace ta juya baya ta shige ɗaki ba magana, ba na tambayar kowa irin kiɗan da zan sa.

Ba zan bar aikina ba, shi ya raya ni, kuma ban ci amanar kowa da shi ba. Ba kuma zan zo in tsaya wa Inna a ƙofa in tilasta mata ganin abin da ba ta so ba. Na karɓi aikin wani sabon fim, za a ɗauki kiɗansa a watan Agusta, daidai lokacin hajji. Ka gode wa maigidanka.

Zan aiko da wani man shafawa na gwiwa ta hannun alhazai. Ka ce wani baƙo ne ya bari.

Amsar tambayarka: na mai fim ake bi. Shi ya sa nake da ciwon ciki.

Ka ci gaba da rubuto min, kai da Ramlatu kun ishe ni dangi.

Baffanka,
Yunus

*

Jarwal, Makka
4 ga Shawwal, 1372

Baffa,

Barka da salla. Muna lafiya. Ka yi haƙuri da gajeriyar gaisuwa, ina sauri in riski jakar jirgin sama. Don Allah kada ka sa hannu a kan komai sai ka gama karanta wannan.

Takardarka ta iso a goman ƙarshe na azumi. Na kasa karanta wa Kaka, sai na tafi wajen Goggo inda take suyar ƙosan buɗa baki. Na karanta mata. Ta ce me na rubuta maka har ka yi wannan tunani? Na fito da kwafin tawa na karanta mata ita ma. Ta bar ƙosai yana ƙonewa tana kallona. Ta tambaye ni shekara nawa na yi a makaranta, na faɗa mata, ta ce a mayar wa ubana da takalman da na kashe a hanya.

"Ɗan fari ne fa, sakarai," in ji ta. "Kana so ta kama sunansa a gaban mutane? Ta rungumi hotonsa a gabanka?"

Ga abin da ta bayyana min, na kuma je na tabbatar wajen tsofaffi biyu 'yan Kano a unguwarmu, duk bakinsu ɗaya. Matan da suka taso a ƙasar Hausa suna jin kunyar ɗansu na fari. Ba sa faɗin sunansa, ba sa kallonsa a gaban mutane, ba sa nuna sun damu da shi, akan ma ba kakarsa ta riƙe shi. Ba ƙi ba ne, tarbiyya ce, kuma wadda ta fi kiyayewa ita ake yabo. Goggo ta ce ko Annabi mai sunanka Kaka ba ta ambata, sai ta ce Annabin da kifi ya haɗiye. Na sha jin ta faɗi haka, na ɗauka salon maganarta ne. Ni mahaifiyata haihuwar nan ce, da sunan yayana ake kiran ta kamar yadda Larabawa suke yi, tana amsawa da murna. Kai kuma ka tafi kafin a haife ni, ban taɓa ganin Kaka da ɗan farinta a wuri ɗaya ba. Abin da na rubuta maka duk ya faru, amma ban san abin da nake kallo ba, kai kuma ka sa masa kiɗan da ba nasa ba.

Hoton bai ɓata ba. Goggo ce take gyara mata akwati. Ta ce yana naɗe a cikin likkafanin da Kaka ta wanke da zamzam ta ajiye wa kanta. Maganar sana'arka kuwa, Goggo ta ce ranar da na karanta takardarka, da suka keɓe a madafi, Kaka ta ce mata, "Wancan ai tun yana ciki yake buga min ganga." Tashin da ta yi don alwala, Goggo ta ce hawaye ne suka zo mata.

Daren salla Goggo ta zo gida, ta tsaya inda Kaka za ta ji, ta ce min da ƙarfi ashe mutanen Santambul sun fasa zuwa. Ranar salla Kaka ba ta ci abinci ba, ta ce cikinta ne. Jiya da safe ta kira ni ta ce in ɗauko alƙalami. Wasa tsakanin kaka da jika halas ne a wajensu, takan kira jikanta namiji mijinta, ni ma haka take kira na in tana cikin daɗin rai. Ga maganarta, ban canja ko kalma ba:

"Ka rubuta wa ƙaramin mijin nan nawa na Santambul, mai kunnuwa kamar na zomo. Ka ce matarsa ta tsufa, ba ta da lokacin jiran sai ya yi gemu. Bana nake son ganin sa. Tun da bai isa hawa jirgi shi kaɗai ba, ya duba cikin gidansu ya nemi wanda zai riƙo masa hannu."

Na tambaye ta wa take nufi ya riƙo shi. Ta ce in rubuta abin da aka ce min, in daina tambaya kamar alƙali.

Maigidana ya ce jiragen alhazanku sukan taso a cikin Zulƙida, amma bai san ranar rufe sunaye ba. Ban san abin da za ka yi da fim ɗin ba. Ina roƙon Allah ya sa ban makara ba.

Ɗanka,
Abdulganiyyu

*

Istanbul
Yuli 1953

Ɗana Abdulganiyyu,

Muna lafiya. Na karanta wa Nermin takardarka, na fassara mata, ta ce mu duka biyu ba mu da hankali, ni da kai.

Yanzu na tuna. Inna ba ta taɓa kira na da suna ba, sai dai ta ce kai wannan. In ta zuba abinci takan ture min kwanon da ƙafa tana kallon wani wuri, kuma kullum nawa ne mai nama. Ban taɓa haɗa abin ba.

An rufe sunaye, amma Nejati ya san wani dattijo da ya fasa shi da iyalinsa, aka ba mu gurbinsu. Fim ɗin na rubuta rabin kiɗansa, na miƙa wa wani almajirina ya ƙarasa. Mai fim ya ce ba zai sake kira na ba. Wataƙila gaskiya yake faɗa.

Na gaya wa Ja'afar yana da mata a Makka, ya yi kuka ya ce ba ya so. Ka gaya wa Inna mijinta yana zuwa, ya sami ɗan rakiya.

Baffanka,
Yunus

*

Jarwal, Makka
18 ga Muharram, 1373

Baffa,

Assalamu alaikum. Ina fatan kun sauka lafiya, teku bai wahalar da Anti Nermin ba kamar na zuwa. Muna lafiya. Man gwiwar yana aiki, Kaka tana iya zuwa bakin ƙofa da kanta. Goggo tana gaishe ku, ta ce ta yafe maka rabin tuwon da ka bari. Kaka ta ce a gaida mijinta, a gaya masa alewar da ya ɓoye a ƙarƙashin tabarmarta tururuwa sun cinye.

Na sami aikin koyarwa a wata makarantar yara a nan Makka, zan fara a watan gobe. Na gode da agogon, na gwada shi da na Harami, suna tafiya tare. Na fi gode maka da zuwan, don na san abin da ka bari. Ka gaya min ko mai fim ɗin ya huce. Na gode kuma da ranar nan a kan soro da ka zana min layuka biyar a takarda ka nuna min inda sauti yake hawa da sauka. Har yanzu ban iya karantawa ba, amma na daina ganin su kamar tururuwa.

Na san ka tafi ba tare da Kaka ta yi maka magana kai tsaye ba, kullum sai dai ku ce wa baƙon nan ya ci abinci, ku ce wa baƙon nan ya shiga inuwa. Ka ce min ya ishe ka. Duk da haka akwai abin da ya kamata ka sani game da ɗawafin ban kwana, don ba yadda za a yi ka gani.

Ka tuna ta kori masu ɗaukar tsofaffi da na kira, ta ce akwai ƙato a gida yana cin abinci a banza. Da ka goya ta, ni ina gefenku ina karanta addu'a kuna maimaitawa. Kai gabanka kake kallo. Ita kuwa tun daga zagayen farko ba ta kalli Ka'aba ba, ƙeyarka take kallo. Ta ja mayafinta ya rufe ku, tana shafa bayan kunnenka da yatsa a hankali yadda za ka ɗauka riƙo ne. A wani wuri ta sunkuyo wajena ta ce, "Wa ya ce masa ya yi furfura?" Na ci gaba da addu'a.

Da muka zo daidai Hajarul Aswad a ƙarshe, ka fara neman inda za ka sauke ta. Ka ji lokacin da ta ce min tana shakka, kamar shida muka yi. Ka juyo ka tambaye ni, ka ce ni ne ba na kuskuren lissafi. Na ce shida ne, ka gyara goyon muka sake zagayawa.

Baffa, bakwai ne. Ina riƙe da ƙirgen a yatsuna, ita ma ta sani, don ta matse min kafaɗa kafin in buɗe baki. Na je na tambayi malaminmu daga baya. Ya ce ƙarin bai ɓata ɗawafin ba, maganar da na yi kuwa in yi istigfari. Na yi. Amma da ta ce biyar ne, da biyar zan ce.

Allah ya sake haɗa fuskokinmu.

Ɗanka mai godiya,
Abdulganiyyu